Ramin Da Ya Raba Ni Da Abokin Hirata

Assalamu alaikum mai gabatarwa, ɗana, barka da aiki. Ni ne Malam Idi daga Toranke. A yi haƙuri da rubutun.

Tun da mai ɗakina ta rasu, ba mai zuwa hira wurina sai abokina Habu. Ran kasuwa ya je sayo mini maganin tari, murfin kwalbatin gefen titi ya rufta da shi, ƙafarsa ta karye. 'Yan kasuwa sun daɗe suna kuka da murfin nan wurin mai unguwa, amma da baki kawai.

Mutanenmu suka yi abin da suka saba. Suka kai shi wurin maɗori, ba asibiti ba. Washegari samari suka cike ramin da ƙasa don neman lada. Da ɗansa ya je ofishin ƙaramar hukuma neman a ɗauki nauyin magani, sai aka ce masa, "Ina katin asibiti? Ina takardar ƙorafi? Ina ma ramin?"

Da na je duba shi, ya ce, "Idi, tarinka ya ci mini ƙafa." Muka yi dariya, amma ƙashin bai ɗoru daidai ba.

Masana shari'a na wannan shiri, ku ba mu shawara. Shaidar mai unguwa da ta 'yan kasuwa za ta iya tsayawa a madadin takarda?

Ina gaida Habu. Ni ba zan ji an karanta wasiƙar nan ba, don na aika masa da rediyona ya ɗebe masa kewa. Habu, in ka ji amsarsu, ka aiko a gaya mini.