Ruwan Kanal Ya Shiga Tsakanina da Yayana

Assalamu alaikum Malam mai gabatarwa, sannu da aiki. Ni Habu ne, daga wani ƙauye kusa da Bunkure.

Gonata tana can ƙarshen kanal, ta yayana Sani kuma tana bakin ƙofar ruwa. Uwa ɗaya uba ɗaya muke, rabon gado ne ya zo da haka. Tun da ciyawa ta cushe kanal, sai shinkafarsa ta sha ta ƙoshi kafin ɗan ragowar ya iso wurina. Bana tumatirina duk ya yi yaushi.

Ranar sunan ɗansa na je. Ya miƙo mini jaririn yana murmushi, amma wallahi ƙafarsa nake kallo, don ɗanyar lakar ban-ruwa ce a jikinta. Ya ce, "Habu, ba ka yi masa addu'a ba." Na ce, "Yaya, gajiya ce."

Lokacin da damina kaɗai muke nomawa, tare muke duban hadari. Yanzu shi nake sa wa ido kamar ɓarawo, alhali bai ɗauki komai nawa ba. Na gaji da wannan hali. Masu sauraro, yaya zan yi in riƙa gaishe shi da zuciya ɗaya?

Ina gaida manoman ƙarshen kanal, da Yaya Sani, in yana saurare.