Lallen da Na Rufe Hannuna da Shi

Ina gaishe ku duka cikin sunan Yesu Almasihu, Mai Cetonmu. Baba Fasto, dattawan ikkilisiya, iyayena mata na zumunta, sannunku da zama. Ga wanda bai san ni ba, ni ce Rahila matar Iliya, Maman Dauda. Ku yi haƙuri idan muryata na rawa. Sau uku ina ba da sunana cikin masu shaida, sau uku ina komawa in ce a goge.

Shekara bakwai ke nan da zuwanmu Funtuwa, kuma duk shekarun nan ƙarya nake yi muku. Duk wadda ta tambaye ni mahaifiyata, sai in ce tana ƙauye bayan Gozaki, ciwon ƙafa ya hana ta tafiya. Ba ciwon ƙafa ba ne. Innata ta yi kuturta tun tana budurwa. An yi mata magani a wurin mishan, a can ta karɓi Yesu, ta warke sarai tun kafin a haife ni. Amma cutar ta riga ta tafi da yatsunta.

Na tashi ana kirana 'yar kuturwa a bakin rijiya, ana janye guga idan na matso. Da Allah ya kawo ni inda ba a san ni ba, sai na ƙudura a raina ba mai ƙara kirana da sunan nan. Na roƙi maigidana ya kama bakinsa. Na hana Inna taka gidana. Ko sunan Dauda ba ta zo ba, ni na aika mata cewa kada ta wahalar da kanta. Allah ya gafarta mini!

Bara da damina muna sa wa masara taki a gonarmu ta hanyar Maska. Kun san yadda muke yi, roba a kugu, a damƙo taki da hannu a zuba a gindin shuka, ƙafa kuma na cikin takalmin roba tana jiƙa da gumi. Bayan kwana biyu sai na ji ƙaiƙayi a gefen yatsuna. Na duba, ga ƙananan ƙuraje masu ruwa a ƙarƙashin fata, kamar tsabar gero. Kafin mako ya zagayo sun cika tafin hannuna, sun sauka tafin ƙafa. Ƙaiƙayin ba a magana. Da bakin murfin tukunya nake susa har sai sun fashe, sannan fatar ta bushe ta tsattsage.

Ban yi tunanin taki ba ko sau ɗaya. Abu guda ne ya faɗo mini: ta Inna ce ta biyo ni. Asirina zai tonu a hannuna, gaban matan da muke cin tuwo kwano ɗaya duk ranar Alhamis.

Sai na ce, ai lalle hannu da ƙafa yake rufewa. Na tafi wurin maƙwabciyata Hajiya Binta mai ƙunshi. Ta juya hannuna ta duba, ta ce, "Maman Dauda, wannan hannun ba na lalle ba ne, na asibiti ne. Ni dai ba zan sa miki ba."

Na ji haushinta ƙwarai. Na ce a raina, ita ma ta gane ke nan. Asibiti kuwa ina zan je, a rubuta sunan cutar a kati, wani ɗan ikkilisiya ya gani? Na shiga kasuwa na sayo lalle na kwaɓa da kaina, na lafta, na ɗaure da leda. Ya kama ja, ya ɗan rufe. Ranar Alhamis Mama Asabe, shugabarmu ta mata, ta hango ni ta ce, "Kai, Rahila! Wannan ƙunshi haka da tsakiyar damina? Iliya ne zai sake biyan sadaki?" Kowa ya yi dariya, ni ma na yi. Da aka ajiye tuwo na ce azumi nake. Alhamis huɗu a jere ina azumin ƙarya, iyayena, har kuna yaba mini.

Da na ga jan lallen ba ya ɓoye tsagar, sai na sayo baƙin, dayis. Na shafe hannu da ƙafa, na sake ɗaurewa da leda, na zauna cikin zafin rana. Washegari hannuwana sun kumbura suntum, sun yi bororo manya-manya, ruwa na tsiyaya. Ƙafa ba ta takuwa. Zanina ma maigidana ne ya ɗaura mini. Ya ce, "Rahila, sai kin kashe kanki tukuna?"

Da ya fita neman wanda zai ara masa babur, na rarrafa na durƙusa a bakin gado. Ko haɗa hannu na kasa yi. Wata biyu addu'ata ɗaya ce: Ubangiji ka rufa mini asiri, kada su gani. Ran nan na buɗe baki zan maimaita, maganar ta ƙi fita. Ba zan ce muku na ji murya ba, ban ji ba. Amma na ga kaina sarai. Matar da ta goya ni, ta yi mini kitso da guntayen yatsu, ita nake roƙon Allah ya taya ni ɓoyewa. Na fashe da kuka na ce, "Yesu, ko kuturtar ce na karɓa. Ka gafarta mini abin da na yi wa uwata."

Da maigida ya dawo na ce, kafin asibiti, Gozaki zai kai ni.

Mun tarar da Inna tana shanya kuɓewa a tsakar gida. Shekara biyu rabona da ita. Ba ta ce mini ina na shiga ba. Na zube gabanta na miƙa hannuwana na ce, "Inna, taki ce ta kama ni."

Ta tallafe su a kan nata, ta daɗe tana dubawa. Ta ce, "Yana miki ƙaiƙayi?"

Na ce, "Kamar in yanke su."

"Da na taɓa nan, kin ji zafi?"

Na ce, "Sosai, Inna."

Sai ta ɗaga kai sama ta ce, "Na gode maka, Yesu." Ta dube ni ta ce, "Ke dai sakarya ce tun kina ƙarama. Tawa ba ta zafi, 'yar nan. Na sha sauke tukunya daga wuta, sai ƙaurin fatata ne zai gaya mini na ƙone. Wannan zafin da kike ji, ki gode wa Allah da shi. Wane shashanci ya sa kika zuba wa gyambo dayis?"

Jama'a, ban taɓa jin daɗin faɗa irin na ran nan ba.

A asibiti likita ya gwada ni, ya faɗi abin da Inna ta faɗa. Ya ce ciwon fata ne, ba kuturta ba, ba a ɗaukarsa, ba ya cin yatsa. Taki da gumi da omo ne ke tayar da shi, dayis da leda kuma suka ƙone ni. Ya ba ni man shafawa, ya ce in riƙa sa safar hannu wurin aiki. Mako uku na yi a ɗakin Inna. Ita ke shafa mini man safe da yamma da gindin tafinta, ita ke ba ni abinci a baki. Ko sau ɗaya ba ta tayar da maganar sunan Dauda ba. Ni na tayar, ta ce ta yafe tun ranar.

Ga hannuwana, ku duba. Fata ta koma. Idan zafi ya yi yawa ƙurajen kan ɗan leƙo, in shafa magani su kwanta. Yabo ga Ubangiji! Ya warkar da hannu, ya kuma cire mini abin da ya fi hannun ruɓewa.

Mama Asabe, ki yafe mini azumin ƙarya. Hajiya Binta kuwa na riga na je na ba ta haƙuri. Duk mai ɓoye wani abu a wurin nan, ina roƙonka, kada ka yi irin tawa. Kai wa Yesu shi a buɗe, ka je asibiti, ka dogara gare shi, ba zai kunyata ka ba.

Saura abu ɗaya. Tsohuwar da ke zaune a bencin baya, wadda na ga wasunku suna tambayar baƙuwar wa ce, ba baƙuwa ba ce. Sunanta Tabawa. Ita ta haife ni, kuma daga yau a gidana take.

Inna, tashi su gan ki. Fito da hannunki daga mayafi, Inna, ki gaishe su.

Na gode wa Allah, cikin sunan Yesu. Amin.