Hannun Da Na Ɗaga Ina Barci

Kwamared shugabar taro Glafira, wakilan ƙungiya, masaƙa da marina na masaƙarmu, iyayenmu mata da kuka cika bencin gaba, da yaran da ke leƙe ta taga, ina gaishe ku.

Na gode da aka ba ni, ni Arkip da karatuna ya tsaya a aji biyu, damar magana kafin a kunna majigi.

Na farko, laifina ne. Kun san a taronmu, in aka ce hannu, ɗagawa ake yi. Ranar da masu majigi suka zo daga Mosko neman ma'aikatan da za su fito a labarin yajin aiki, barci nake a baya. Na ji "wa ya yarda", na ɗaga. Da na farka, hannuna kaɗai ne a sama. Ashe wanda zai fito a ɗan leƙen asirin mai masaƙa ake nema.

Na biyu, na iya abin fiye da kima. Da aka nuna fim ɗin karon farko, mai burodi ta daina amsa gaisuwata. Wannan da sauƙi. Amma 'yata Zoya, da yara ke kira 'yar maci amana, ta ce, "Baba, ka riƙa bin wancan gefen titi." Mako uku ina bin wancan gefen.

Na uku, Yefim, abokin injina, wanda ya fito a jarumi. Shi ake tafa wa, shi ake zuba wa shayi. Ya bar shayin, ya ja ni har makarantar su Zoya, ya tsaya gaban aji ya naɗe hannun riga. Ya ce wannan tabo, ba don munafukin nan ya tsayar da inji ba, da hannun ya tafi. Ya ƙara da cewa, "Mummuna ne, amma namu ne." Ranar Zoya ta riƙe hannuna har gida.

To jama'a, in kun gan ni a allo, ku yi ihu, ku yi tofi, amma ku bar shi a allo.

Allah ya... ki yi haƙuri shugaba, na san an hana ambaton Allah a taron ƙungiya, baki ne ya saba. Zarenmu kada ya tsinke, murhunmu kada ya mutu, kowa ya samu Yefim ɗinsa.

Ni kuwa da sauran aiki. Jarumin namu shekara biyu ya kasa yi wa wata mariniya magana, na kuma yi alkawarin zuwa nema masa aurenta ranar hutu. Da wannan fuskar tawa ta maci amana. Tana benci na uku, tana hararata.

Na gode.