Mutumin da Ya Hana Mu Yafewa a Kan Gadon Asibiti

Bismillahir Rahmanir Rahim. Malam Liman, dattawan unguwa, likitan ƙashi da ma'aikatan jinya da suka baro aiki suka zo, shugaban direbobi, Inna matar marigayi da 'ya'yanta, 'yan uwa maza da mata, assalamu alaikum. Ni ba mai magana a taro ba ce, ɗinki na sani. Waɗanda mota ta raunata ne suka ce in tsaya a madadinsu, sai ku yi haƙuri da muryata.

Marigayin da muka taru dominsa, Baba Tukuna muke ce masa, bai kuwa taɓa jin haushin sunan ba. Lokacin da bas ta karya mini hannun dama, mai motar ya zo asibiti da dattawa da ledar lemu. Suka kewaye gado suna cewa ƙaddara ce. Kunya ta kama ni, na buɗe baki zan ce na yafe. Sai wani dattijo mai ƙafa ɗaya ya dogaro sanda ya matso, ya ce, "Tukuna, 'yata. Bari a kwance hannun nan, mu ga ko zai riƙe almakashi." Da aka kwance, bai riƙe ba. Shi ya yi ta kai ni ofishin inshora har aka biya diyya. Da ita na ɗauki mai yanka mini yadi, shagona bai rufe ba.

Shi kansa yana yaron mota ya rasa ƙafarsa. Kafin ya farfaɗo mahaifinsa ya riga ya yafe a madadinsa. Ban taɓa jin ya zargi tsohon ba.

Ya kasance yana neman shaidu tun jini bai bushe a kan kwalta ba. Ya kasance yana wuni a bencin ofis, a ce masa gobe, goben ya dawo. Ya kasance ba ya yarda a ƙara ƙarya a kan rauni. Wani mahauci ya so a haɗa da tsohon ɗingishinsa, Baba ya ce masa wannan tun yana yawo ba wando ya san shi da shi. Wasu sun kira shi mai hana alheri. Abin da aka karantar da mu dai shi ne diyya hakki ce, yafewa alheri ce, amma mai hakki ne yake yafewa, bayan ya san abin da ya rasa.

Inna, ki gafarce ni, zan faɗi abin da ya fi mini nauyi. Babbar motar da ta murƙushe keken da Baba yake ciki, ita ta kwantar da autarku. Tana asibiti da karayar ƙugu, likita bai ce za ta taka ba, bai ce ba za ta taka ba. Masu motar sun aiko za su zo. Kin ce mini kin gaji, kina so ki yafe komai zuciya ta huta. Hakkin jinin Baba naku ne ku magada, in kun yafe Allah ya ba ku lada. Amma ƙafar Auta ta Auta ce. Kai ma babban wansu, kai za a ja gefe a ce maka kai ne uba yanzu. Don Allah kada ka amsa a madadin Auta.

Jiya na je duba ta. Ta ce, "Anti, in suka zo ni kunya zan ji." Na ce dukkanmu mun ji, shi ya sa mu da Baba ya tsaya wa muka raba kwanakin zama a wurinta. Ba za su same ta ita kaɗai ba.

Mun gode da zuwanku. Allah ya jiƙan Baba, ya haskaka kabarinsa, ya ba Inna dangana. Direban ma Allah ya sassauta masa, na san ba ya barci. Allah ya tashi kafaɗar Auta, ya ba ta ranar da za ta amsa musu da bakinta. Amin.