Wata Guda a Bakin Gadon Uwa

A tashar mota ta Manchester, ana jiran motar Birmingham, wata dattijuwa mai rigar aikin jinya ta ji budurwar da ke gefenta ta rufe littafi tana cewa, "Ikon Allah!"

"Ashe 'yar gida ce. Me kika gani, 'yata?"

"Wata Bafaranshiya ce, Mama, a kanta nake bincike a jami'a. Malamar falsafa ce, ta rubuta labarai, ta girgiza duniya a kan 'yancin mata. Gardamar da ta yi da manyan malamai maza, wallahi sai kin riƙe baki."

"To, madalla."

"Amma wannan ƙaramin littafin ne ya kashe min jiki. Sun daɗe ba sa jituwa da mahaifiyarta saboda addini. Da tsohuwar ta kwanta ciwon ajali, sai ga ta a asibiti, wajen wata guda tana jinyarta."

"Wata guda? Da hannunta take ba ta ruwa?"

"Da hannunta."

"Kai! Lallai wannan mata ta samu duniya. Ni shekara tara ina wanke iyayen mutane a care home, gidan kula da tsofaffi, a Salford. Tawa uwar, a waya na kalli jana'izarta a Kafanchan. Ke fa, taki tana raye?"

"Tana Katsina. Ba ta so na taho ba, tun bara ba mu yi magana ba."

"Ba ni littafin in riƙe miki. Motar ba ta zo ba tukuna. Kira ta."