Ƙofar da Ke Cijewa

A rumfar mai yanka makulli, wani dattijo yana jira a yi masa na ɗakin da ya kama haya, wani magidanci kuma yana ta mita a gefensa.

"Baba, gida na saya a gwanjon banki, ƙofar falon ta ƙi buɗuwa. Yau sai an ɓalle ta!"

"Gidan wa ne da?"

"Oho! Wani ne ya jinginar, ya kasa fansa. Shi ya jawo wa kansa."

Dattijon ya ƙura wa makullin hannun mutumin ido. Har yanzu jan zaren da marigayiya matarsa ta ɗaura yana jiki.

"Kada ka ɓalle ta, ɗana. Ka ɗan ɗaga ta da gwiwa, sannan ka murɗa."

"Au, kafinta ne kai, Baba?"

"A'a. Mun dai saba da ita."