Gawon da Aka Sare a Gonata

Salamu alaikum mai gabatarwa, barka da aiki. Ni ce Hadiza, daga bakin garin Tawa.

Bana ma'aikata suka kafa turakun wayar lantarki a gonata, suka sare gawon da marigayi maigidana yakan huta a gindinsa. Na ce wa babbansu, "Malam, wa zai biya ni?" Ya ce, "Inna, ƙasa ta zama tamu, a yi haƙuri."

Yanzu in iska ta kaɗa wayar tana amo, sai in tsaya da hauya a hannu, in ga kamar inuwar tana nan, maigidan yana zaune yana jiran fura.

Masu sauraro, icce yana da diyya? Wurin wa zan kai kukana, maigari ko kumandan, wato wakilin gwamnati na yankinmu? Ina gaida ƙanwata Rabi a Barmu.